Agara da Alkafura: Nazarin Lamarin Wata 'Yar Wasan Italiya, 2006 zuwa 2024

Wannan nazari ya bi sawun wata 'yar wasan alkafura ce daga Italiya, Vanessa Ferrari, wadda ta zama zakarar duniya tana 'yar shekara 15, amma lambar Olamfik ba ta shiga hannunta ba sai da ta kai 30. Tun daga 2008 har ranar da ta ajiye wasa, matsala guda ce take bin ta: agara, kakkaurar jijiyar nan da ta taso daga sha-raɓa ta kama ƙashin diddige. An yi mata tiyata ba sau ɗaya ba ba sau biyu ba, akwai kuma ranar da agarar ta tsinke gaba ɗaya a tsakiyar wasan ƙarshe na gasar duniya.

## Asali: 1990 zuwa 2005

An haife ta a watan Nuwamba 1990 a wani ƙaramin gari na lardin Brescia, yankin Lombardiya, arewacin Italiya. Tun tana ƙarama ta shiga ƙungiyar Brixia ta birnin Brescia a hannun koci Enrico Casella, kuma a hannunsa ta yi duk shekarunta na gasa. Gajeriya ce, ba ta kai mita ɗaya da rabi ba, ga ƙarfin cinya ga saurin juyawa a sama.

Mata suna gasa ne a kan abubuwa huɗu. Akwai tsallen teburi, inda ake sheƙowa da gudu daga nisan da bai wuce mita 25 ba, a taka allon sifirin, a dafa teburi mai tsayin santimita 125. Akwai sanduna biyu, doguwa da gajeriya, da ake lilo a kansu. Akwai siririn katako mai faɗin santimita 10 da tsawon mita 5. Sai dandamali, fili mai mita 12 kowane gefe da aka shimfiɗa a kan sifirin, ana wasa a kansa da kiɗa na tsawon daƙiƙa 90 ko ƙasa da haka. Uku daga cikin huɗun aikin ƙafa ne, sandunan ma da dira ake rufe su. Dandamali shi ne inda wannan yarinya ta fi ƙarfi, shi ne kuma inda agara ta fi shan wuya.

A 2005, tana da shekara 14, ta je Wasannin Bahar Rum a Almeria ta ƙasar Sifen, ta dawo da zinare biyar da azurfa ɗaya.

## 2006 zuwa farkon 2007: zinaren Aarhus da sabon tsarin maki

A 2006 hukumar wasan alkafura (jimnastik) ta duniya, FIG, ta soke tsohon tsarin da maki 10 ne ƙololuwarsa. Aka raba makin gida biyu. Makin wuya, wanda ake kira D, ba shi da iyaka: kowane motsi yana da harafi, A tana da 0.1, B tana da 0.2, haka har sama, a lokacin kuma motsi goma mafi daraja ake tarawa. Makin tsafta, wanda ake kira E, daga 10 yake farawa, alƙalai su riƙa zaftarewa a kan kowane kuskure. Faɗuwa a wancan lokaci 0.8 take ci.

Tsarin ya ba masu tara wuya dama, ita kuwa wuya take tarawa. A gasar duniya ta Aarhus, ƙasar Denmak, a watan Oktoba 2006, ta faɗo daga kan katako a wasan ƙarshe na haɗa abubuwa huɗu, duk da haka ta ci zinare da maki 61.025, Jana Bieger ta Amurka ta biyo ta da 60.750. Ita ce mace ta farko daga Italiya da ta taɓa cin wannan kambu. Ta ƙara da tagulla biyu, a sanduna da a dandamali. Abin da ta buɗe wasan dandamalinta da shi kuwa alkafura biyu ne ta baya a dunƙule, haɗe da murɗawa biyu, motsin da ke ɗauke da sunan Daniela Silivas ta Romaniya. Wannan motsi bai rabu da ita ba har shekara goma sha biyar.

A watan Afrilu 2007 ta ci zinare biyu a gasar Turai ta Amsterdam, na haɗa huɗu da na dandamali.

## 2007 zuwa 2008: wasa a kan ciwo

Sai an san abin da ke faruwa a ƙafa kafin a fahimci sauran labarin. Kafin alkafura biyu ta baya, 'yar wasa kan yi gudu taku biyu ko uku, ta yi juyin gefe ta haɗe ƙafafu, ta wuntsila baya a kan hannuwa, sannan ta bugi dandamali da gaban tafin ƙafa. Ƙafafun suna sauka ne a bayan jiki kaɗan, domin su tare gudun su mayar da shi tashi sama. Bugun bai kai kashi ɗaya cikin biyar na daƙiƙa ba. A cikin wannan ɗan lokaci diddige yana nitsewa ƙasa, naman sha-raɓa yana fizgo shi sama, gwiwa kusan a miƙe take, agara ce kuma a tsakani tana ɗaukar nauyin da kan haura ninki goma na nauyin jiki. Shi ya sa yawancin tsinkewar agara a wannan wasa wajen tashi take faruwa. Dira ma tana da nata: idan juyin bai cika ba, aka sauka ƙirji a ƙasa, idon sawu yana lanƙwashewa da ƙarfi, agara ta miƙe fiye da ƙima.

Wurin da ya fi rauni yana tsakanin santimita 2 zuwa 6 sama da diddige, inda jini bai cika isa ba. Tsoka tana ƙara ƙarfi cikin makonni, jijiya kuwa sai an yi watanni. Bayan horo mai nauyi zaruruwan jijiya suna bukatar kwana biyu zuwa uku kafin su gyara kansu, alhali manyan 'yan wasa kwana shida suke horo a mako. Abin yana tafiya ne kamar igiyar guga a bakin rijiya: zare ɗaya-ɗaya take ci, tana nan tana jan ruwa, har ranar da za ta katse. Alamar farko ita ce ƙagewar diddige da safe a takun farko. Ciwon kan lafa idan jiki ya yi ɗumi, ya dawo bayan an tashi daga horo. Wannan lafawa ce take yaudarar 'yar wasa da kocinta, domin a daidai lokacin da ake yanke shawarar ci gaba da horo, ƙafar ba ta ciwo.

Gasar duniya ta Stuttgart a Jamus, watan Satumba 2007, ita ce ƙofar Olamfik ta Beijing: ƙasashe goma sha biyu na sama ne kawai za su samu gurbin tawaga. Ta shiga gasar da ciwo a ƙafa. Italiya ta zo ta huɗu, ta samu gurbin, ita kuma ta raba tagullar haɗa huɗu da Jade Barbosa ta Barazil. Binciken likita ya nuna tsagewar ƙashi a ƙafar. Wanda yake lallaɓa wuri guda a ƙafa yakan sauya yadda yake taku da dira ba tare da ya sani ba, nauyin ya koma wani wurin. Kafin lokacin Beijing agara ta kumbura, horo ya ragu ƙwarai.

Abin da aka gwada a wannan mataki shi ne a daure a kai ga gasa. Sakamako a watan Agusta 2008: ta zo ta 11 a haɗa huɗu, ba ta kai wasan ƙarshe na ko abu ɗaya ba, tawagar Italiya ma ba ta shiga takwas na ƙarshe ba.

## 2009 zuwa 2011: tiyatar farko da sauyin doka

A watan Afrilu 2009 ta ci azurfar dandamali a gasar Turai ta Milan, bayan Beth Tweddle ta Birtaniya. Daga nan aka yi mata tiyatar farko a agara, gasar duniya ta Landan ta watan Oktoba ta wuce ta. A wannan shekarar ta shiga sashen wasanni na rundunar sojan Italiya. Wannan ba ƙaramin abu ba ne a lamarin: a Italiya sojoji da 'yan sanda suna ɗaukar manyan 'yan wasa aiki da albashi, don haka mai jinyar shekara guda ba ya rasa abin hannu.

Dokar wasa ma ta sauya a 2009. Motsin da ake tarawa ya sauko daga goma zuwa takwas, faɗuwa ta koma maki 1 cif. Abin da ya fi shafar ƙafa kuwa shi ne dira. A da mata suna da izinin jefa ƙafa ɗaya baya bayan alkafura, wanda ke raba nauyin saukar gida biyu. Daga 2009 aka ce a dira da ƙafa biyu a tsaya cak. Ƙaramin taku 0.1 yake ci, babba 0.3, fita daga layi da ƙafa ɗaya 0.1, da ƙafa biyu 0.3. Duk ƙarfin saukar ya koma kan gwiwa da idon sawu a lokaci guda.

Akwai wani ɓangare da ita da kanta ta bayyana wa jama'a a watan Nuwamba 2022: ta yi fama da larurar cin abinci, har aka kai ta asibiti tana da shekara 19. Likitocin wasanni sun tabbatar cewa 'yar wasan da abincinta bai kai aikin da take yi ba, ƙashinta yana rauni, raunukanta kuma suna jinkirin warkewa. Duk wanda zai duba ciwon ƙashi da na jijiya a jikin yarinya mai tasowa, dole ya duba kwanon abincinta.

A gasar duniya ta Rotterdam a 2010 ta zo ta 11 a haɗa huɗu. A ta Tokyo a 2011 ta kai wasan ƙarshe na dandamali, sai ta ji ciwo a idon sawu wajen ɗumama jiki, ta janye.

## 2012 zuwa 2016: ta huɗu sau biyu

Ranar 7 ga Agusta 2012, a wasan ƙarshe na dandamali a Olamfik ta Landan, ta samu 14.900. Aliya Mustafina ta Rasha ma 14.900. Dokar raba gardama ta ce wadda ta fi makin tsafta ita ce a gaba. 'Yar Italiya tana da wuya 6.2 da tsafta 8.7, 'yar Rasha tana da wuya 5.9 da tsafta 9.0. Tagulla ta tafi Rasha. A wannan gasa ce aka sa sunanta a littafin dokar wasa a kan wani tsalle na rawa, wanda ake buɗe ƙafafu a sama, a juya, a lanƙwasa ƙafar baya ta doshi kai. A ajiye wannan a rai, zai yi amfani daga baya.

Shekaru biyun da suka biyo baya su ne mafi kwanciyar hankali ga ƙafar. Ta ci azurfar dandamali a gasar duniya ta Antwerp a 2013, bayan Simone Biles ta Amurka. A 2014 ta raba zinaren dandamali na Turai da Larisa Iordache ta Romaniya a birnin Sofiya. A 2015 zazzaɓin mononukiliyosis ya kwantar da ita, cutar bairos mai kumbura kaluluwa da kawo kasala ta tsawon watanni. Ta daure ta je gasar duniya ta Glasgow ta taimaka wa Italiya samun gurbin Olamfik ta Riyo, ciwon agara kuma ya sake tashi.

A Riyo, ranar 16 ga Agusta 2016, ta yi wasa mai kyau a dandamali har layin alkafura na ƙarshe, inda dira ta kuɓuce mata ta ja da baya. Ta samu 14.766, Amy Tinkler ta Birtaniya ta ɗauki tagulla da 14.933. Tazarar 0.167 ce, wato ba ta kai kuɗin babban taku guda ba. Layin ƙarshe yana zuwa ne bayan fiye da daƙiƙa 70 na tsalle da rawa, lokacin da sha-raɓa ta gaji, kuma mai horo da ciwon agara ba ta samun maimaita cikakken wasa daga farko zuwa ƙarshe yadda ya kamata. Bayan Riyo aka sake yi mata tiyata a agara.

## 8 ga Oktoba 2017: Montreal

Ta dawo gasa makonni kaɗan kafin gasar duniya ta Montreal a Kanada, ta taƙaita kanta ga katako da dandamali. Ta kai wasan ƙarshe na dandamali. Ranar 8 ga Oktoba, a layi na biyu na alkafurarta, agara ta tsinke. Ta zube a kan dandamali, aka fitar da ita, wasan bai ƙarasu ba. Tana da shekara 26, shekarun da mafi yawan takwarorinta sun riga sun yi ritaya. Mai Murakami ta Japan ce ta ci zinaren ranar, Jade Carey ta Amurka azurfa, Claudia Fragapane ta Birtaniya tagulla. Ita ma Fragapane agararta ta tsinke a wurin horo bayan wata biyar, a Maris 2018, abin da ke nuna yadda wannan rauni ya zama ruwan dare a tsakanin gwanayen dandamali.

Masu wannan rauni sukan ce ji suka yi kamar an doke su da sanda a bayan ƙafa. Gwajinsa mai sauƙi ne: a kwantar da mutum rubda-ciki a matse sha-raɓa. Idan agara tana haɗe, tafin ƙafa zai motsa. Idan ta tsinke, ba zai motsa ba. Ferrari ta koma Italiya aka ɗinke jijiyar.

## Ƙarshen 2017 zuwa farkon 2019: jinya

Tsarin da likitoci da masu gashi suka saba bi bayan ɗinkin agara yana da matakai sanannu. Makonni biyun farko ƙafa tana ɗaure, yatsu na kallon ƙasa, don kada ɗinkin ya ja. Sai a sa takalmin asibiti mai tauri da aka tokare diddigensa da 'yan ƙyallaye masu kauri, ana zare su ɗaya bayan ɗaya, har zuwa mako na takwas ko na goma. Daga nan a fara ɗaga diddige da ƙafa biyu, sannan da ƙafa ɗaya, sannan da nauyi a kafaɗa, gwiwa a miƙe da kuma a lanƙwashe, domin tsokoki biyu ne suke haɗuwa a agara kuma kowace da yadda ake kama ta. Gudu yakan jira wata huɗu zuwa shida. Komawa wasa, wata tara zuwa shekara.

Babban abin tsoro a watannin farko, bayan sake tsinkewa, shi ne jijiyar ta warke da tsawo. Idan an gaggauta miƙe ta, ta ƙara ko da santimita ɗaya ne, tsoka ba za ta ƙara samun abin ja da kyau ba, ƙarfin zabura ya tafi ke nan. Mai tafiya kasuwa ba zai damu ba. Mai son alkafura biyu da murɗawa biyu ta rasa tsayin da take bukata. Don haka a wasan alkafura akwai wani tsani bayan na likita: a fara a kan tarampolin, a koma doguwar shimfiɗa mai taushi da ke ƙarewa a ramin soso, a hau dandamali da katifa a wurin dira, sannan a cire katifar. Abu biyu kuma ake kauce wa: allurar kotizon a cikin jijiyar kanta, da magungunan dangin sifurofuloksasin, domin duka biyun an san suna ƙara haɗarin tsinkewa.

A lamarin wannan 'yar wasa, ba a gan ta a gasar ƙasa da ƙasa ba a duk shekarar 2018. Ta dawo ne a watan Fabrairu 2019 a Melbourne ta Ostireliya, fiye da kwana 500 bayan Montreal, ta ci zinaren dandamali.

## 2019 zuwa Yuni 2021: wata ƙofar daban

Dokar Olamfik ta Tokyo ta rage tawaga zuwa mutum huɗu, abin da ya sa kowace ƙasa ta fi son masu iya abubuwa huɗu duka. Italiya tana da sabbin 'yan mata da aka haifa a 2003, irin su Giorgia Villa da tagwayen nan Asia da Alice D'Amato da Elisa Iorio. Su ne ginshiƙin tawagar da ta ci tagulla a gasar duniya ta Stuttgart a Oktoba 2019, lambar tawaga ta farko tun 1950. Ferrari ba ta cikinsu.

Amma dokar ta buɗe wata ƙofa: jerin gasannin Kofin Duniya guda takwas, inda ake tara sakamako uku mafi kyau na kowace 'yar wasa a kan abu guda, wadda ta zo ta ɗaya ta samu gurbin kanta. Wannan hanya ta dace da ƙafarta. Abu ɗaya za ta shirya wa, wasa biyu a kowace gasa, na share fage da na ƙarshe, kuma tana iya tsallake wasu gasannin. Bayan Melbourne ta je Baku da Doha a Maris 2019, sannan ta tsaya aka yi mata wani aikin a ƙafafun biyu, ta bar sauran shekarar ta tafi. Wannan karon tiyatar ta zo ne kafin abu ya lalace, a lokacin da kalandar gasa take da sarari.

Annobar korona ta ɗage Olamfik da shekara guda, gasar ƙarshe ta Doha ma ta koma Yuni 2021. Ferrari ta kamu da cutar a Maris 2021. Bayan wata ɗaya ta ci tagullar dandamali a gasar Turai ta Basel, inda ta koma yin abubuwa huɗu a share fage, ta samu shiga wasan ƙarshe na haɗa huɗu, amma ta janye domin ta adana ƙafar. Jade Carey ce kan gaba a jerin tsallen teburi da na dandamali, gurbin teburi ya zama nata, na dandamali ya rage tsakanin 'yan Italiya biyu, Ferrari da Lara Mori. A Doha ta samu 14.266, ta ci gurbin. Bayan 'yan makonni Giorgia Villa ta ji rauni a ƙafa, aka mayar da Ferrari cikin tawaga, Mori ta gaji gurbin nata.

## Yuli zuwa Agusta 2021: Tokyo

Kada a gwada makin 2021 da na 2016 kai tsaye. Daga 2017 an rage sharuɗɗan tsara wasa daga biyar zuwa huɗu, kowane 0.5, don haka makin wuya na kowa ya sauka da rabin maki. Dokar lokacin ta ce cikin motsi takwas da ake tarawa, aƙalla uku alkafura ne, aƙalla uku tsallen rawa ko juyi, biyu kuma zaɓi ne. Alkafurar Silivas tana da H, wato 0.8. Alkafura biyu a miƙe tana da F, 0.6. Alkafura biyu a naɗe, ƙafafu a miƙe, tana da D, 0.4, daidai da tsallen rawar da ke ɗauke da sunanta. Ma'ana, tsallen rawa mai wuya yana kawo makin alkafura biyu, nauyin da yake ɗora wa agara kuwa bai kama ƙafar nata ba.

A share fage, ranar 25 ga Yuli, ta zo ta ɗaya a dandamali da 14.166, Simone Biles tana bin ta da 14.133. A wasan ƙarshe na tawaga Italiya ta samu 163.638, Birtaniya ta ɗauki tagulla da 164.096. Ta huɗu kuma, karo na uku a rayuwarta ta Olamfik.

Ranar 2 ga Agusta aka yi wasan ƙarshe na dandamali, Biles ta riga ta janye. Carey ta ci zinare da 14.366: wuya 6.3, tsafta 8.066. 'Yar Italiya ta samu 14.200: wuya 5.9, tsafta 8.300. Murakami da Angelina Melnikova ta Rasha kowace ta samu 14.166, wuyarsu 5.9 daidai da tata, tsaftarsu 8.266, aka ba su tagulla su biyun. Tazarar 0.034 ce ta ba ta azurfa, dukkanta kuma daga makin tsafta ta fito. Ita ce lambar Olamfik ta farko da wata mace 'yar Italiya ta ci ita kaɗai a wannan wasa. Kafin ta, azurfar tawaga ce kawai ta 1928 a Amsterdam.

## 2024

Ta nufi Olamfik ta biyar a Faris. A ƙarshen Yuni 2024 ta ji rauni a sha-raɓa a wurin horo, tafiyar ta fasu. Tawagar Italiya ta ci azurfa ba tare da ita ba, Alice D'Amato ta ci zinaren katako, Manila Esposito tagulla. A watan Oktoba 2024 ta sanar da ritaya.

## Hukunci: abin da ya gaza da abin da ya yi aiki

Dauriya a kan ciwo ta gaza. An bi ta a 2007 zuwa 2008, an sake bin ta a 2015 zuwa 2016, kowane karo kuma da tiyata aka ƙare. Dalilin da ya sa aka bi ta a bayyane yake: a duka lokutan biyu gurbin Olamfik na ƙasa baki ɗaya ya rataya a kan 'yan mata ƙalilan, ita ce kuma gwanarsu. Tawagar da ba ta da yawan gwanaye tana cinye gwanarta. Yarinya 'yar shekara 16 mai tsagewar ƙashi ba ita ya kamata a bar wa shawarar shiga gasa ba, ko da ita ce take roƙo.

Tiyata ita kaɗai ma ba ta wadatar ba. Aikin 2016 ya samu kusan shekara guda na jinya, amma tsakanin dawowa gasa da wasan ƙarshe na duniya makonni ne kawai. Jijiyar da ta daina ciwo ba lallai ta shirya ɗaukar bugun gasa ba, inda dandamali ya bambanta da na gida, zumuɗi ya ƙara gudu, kuma ba katifa.

Abin da ya yi aiki bayan 2017 ya fi kama da sauya lissafi. An ba ƙafar fiye da wata goma sha shida. An zaɓi hanyar gurbi mai bukatar abu ɗaya. An yarda a bar gasar duniya ta 2019, an yarda a janye daga wasan ƙarshe a Basel, abin da ba a yi ba a shekarun farko. Samuwar sabbin 'yan mata ta sauke mata nauyin tawaga, albashin soja ya sa jira ya yiwu, zama da koci guda kuma ya sa akwai wanda ya san tarihin ƙafar tun daga tushe. A kan dandamali, ta bar tseren wuya ga masu ƙuruciya, ta riƙe Silivas ɗinta, ta cike sauran da tsallen rawa da dira mai tsafta. A Landan ta fi abokiyar hamayyarta wuya da 0.3 ta rasa lamba saboda tsafta; a Tokyo wuyarta ɗaya da mutum biyu, tsafta ta ɗora ta a kansu. Gaskiya ne ɗage gasar da janyewar Biles sun taimaka, amma ta riga ta zo ta ɗaya a share fage Biles tana cikin fili.

Agarar ba ta warke sarai ba, lallaɓa ta aka koya, raunin 2024 kuma a jikin tsokar da ke jan ta ya fito. Ga mai horar da yara mata a wannan wasa, abubuwan aunawa a lamarin uku ne, kuma ba sa bukatar na'ura. A riƙa ƙirga bugun alkafura masu nauyi da aka yi a kan dandamali mai tauri a kowane mako, a bar kwana biyu tsakanin ranakun da suka fi nauyi. A riƙa tambayar ƙagewar diddige da safe, domin ciwon da ake tambaya a tsakiyar horo ya riga ya ɓuya. Kafin a mayar da mai jinya kan alkafura biyu, a sa ta ɗaga diddige da ƙafa ɗaya har ta gaji, a gwada yawan ɗagawar da tsayinta da na ɗaya ƙafar. Idan ba ta kai kashi 90 cikin 100 ba, a ci gaba da aiki a ramin soso.